Daga Inuwar La'asar zuwa Taswirar Waya: Tarihin Awo a Kudancin Katsina

Tun kafin agogo ya shigo ƙauyukan kudancin Katsina, ladani a Ruwan Godiya ko Yankara yana da hanyar sanin shigar la'asar, kuma hanyar lissafi ce tsantsa. Littattafan fiƙihun Malikiyya da ake karantawa a zaure, irin su Risala ta Ibn Abi Zaid, sun kafa ƙa'idar: la'asar tana shiga idan inuwar abu ta kai tsawonsa, ban da 'yar inuwar da ta rage masa a lokacin zawali. Malamai kuma suka ƙiyasta tsayin mutum da tafin ƙafarsa bakwai. Sai mutum ya tsaya a fili, ya lura da inda inuwar kansa ta ƙare, ya bi ta yana jera ƙafa, diddige a bakin yatsa. Dogo da gajere duk amsarsu ɗaya, domin kowa da ƙafarsa yake auna tasa inuwar.

Yankin Faskari, Ƙanƙara da Sabuwa yana wajen digiri 12 arewa da layin da ya raba duniya biyu. Saboda haka a ƙarshen Afrilu, da kuma cikin Agusta, rana kan tsaya a tsakar ka, inuwar zawali ta kusan ɓacewa, la'asar ta shiga a ƙafa bakwai. A Disamba kuwa, da hunturu, rana ta karkata kudu, inuwar zawali kan kai ƙafa biyar, sai a jira sha biyu. Wanda ya riƙe wannan a ka ya riga ya san abin da taswira da zanen gini suka dogara a kansa, wato nisba: a lokaci guda, yadda sanda take da inuwarta haka kuka take da tata. In sanda mai tsawon mita 1 ta ba da inuwar mita 1 da rabi, kukar da inuwarta ta kai mita 30 tsawonta mita 20 ne, ba sai an hau ta ba. Ƙaramin abu da ke hannu ya faɗi girman babban abin da hannu bai kai gare shi ba.

Wannan dabara tsohuwa ce a duniya. Ana ba da labarin cewa da inuwa Thales, masanin Girka, ya gano tsawon dalar Masar. Wajen shekarar 830 Halifa Ma'amun ya tura masana cikin sararin Sinjar suka auna tsawon digiri ɗaya a ƙasa, daga nan suka ninka suka fitar da kewayen duniya. Al-Biruni ya sake lissafin daga kan wani dutse a Nandana, cikin Pakistan ta yau. A 1154 kuma Al-Idrisi ya gama wa Sarki Roger na biyu na Sisili aikin siffanta duniya a kan faifan azurfa, tare da littafinsa Nuzhatul Mushtaƙ. Ƙasar Katsina ma ba baƙuwar hisabi ba ce: Muhammad bin Muhammad al-Fullani al-Kashinawi ya rubuta littafi a kan jera lambobi cikin hatimi a 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741. Lissafin rabon gado kuwa, da rabi da rubu'i da sudusi da sumuni, har gobe shi ne aikin malaman kowane gari.

Abin da ba a saba yi a nan ba shi ne ƙanƙanta ƙasa a zuba ta a takarda da ma'auni ɗaya tak. Maginin gargajiya a ƙasa yake zana ɗakinsa, da ƙafa ko da sanda, a daidai girman da zai gina shi. Awonsa kamu ne da ɗani da gaba, kuma tsawon azara shi ke yanke masa faɗin rufi. Da irin wannan ilimi Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarki Abdulkarimu, da bakan-gizonsa da masana gine-gine suke ta nazari har yau. Iyakar gona kuma gamba ce, ko ɗorawa, ko wani kwari, ga dattawan da suka san wa ya sare dajin. Nisa tsakanin garuruwa da zango ake faɗinsa.

A 1824 Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya ba Baturen Birtaniya Hugh Clapperton taswirar ƙasashen nan, aka buga ta a Landan a 1826. Akwai garuruwa da koguna da hanyoyi a cikinta, amma ba za ka ɗora rula a kanta ka ce daga Sakkwato zuwa Katsina mil kaza ne ba. Ban ɗauki wannan a matsayin gazawa ba. Tambayar falke ita ce kwana nawa zai yi, ina zai sami ruwa, wane sarki zai gaisar, kuma ilimin hanya na lokacin yana amsa ta sarai. Heinrich Barth, wanda aka sani da Abdulkarimu, ya zo da wata tambayar. Ya shiga Katsina a 1851, ya sake dawowa a 1853, yana tafe da kamfas da agogo, yana rubuta inda ya fuskanta da tsawon lokacin da ya yi a kowace fuska. Ya ƙiyasta kewayen ganuwar Katsina da mil 13 zuwa 14. Daga waɗannan rubuce-rubuce August Petermann ya zana taswirori masu ma'auni a Jamus. Ta haka ƙasar Hausa ta shiga takardar da wanda bai taɓa taka ta ba zai iya aunawa daga teburinsa. Shekara hamsin bayan haka, masu irin waɗannan takardu suka zo da bindiga. Tsakanin 1906 da 1908 kwamitin Ingila da Faransa, ƙarƙashin O'Shee da Tilho, ya bi layin da aka shata a taswira yana kafa alamomi, aka raba Katsina da Maraɗi.

Ga talaka, awon Bature da haraji ya fara zuwa. Tun kafin yaƙin duniya na farko aka shigo da tsarin taki a ƙasar Kano: malaman taki su zaga gona suna ƙirga sawu, a ninka tsawo da faɗi, a mai da shi eka, a yanka kuɗin ƙasa gwargwadon abin da ya fito. Makarantar Ɗan Hausa da Hanns Vischer ya buɗe a Nasarawar Kano a 1909 tana da ajin koyon safiyo, kuma daga baya En'e ta Kano ta kafa sashen awo da ke zana gonaki a takarda. Kayan aikin safiyo na lokacin sarƙa ce mai ƙafa 66, wadda aka tsara ta yadda fili mai sarƙa 10 a tsawo da sarƙa 1 a faɗi zai zama eka ɗaya cif.

Raunin taki yana da kyau a tsaya a kansa, domin shi ne raunin da ya biyo mu har yau. Sawun mutum ba ƙafar ladani ba ne. Ladani jikinsa yake aunawa da jikinsa, kuskuren ya share kansa. Malamin taki kuwa ƙasar wani yake aunawa da sawun da ke gajarcewa idan ya gaji ko ya shiga kunya. A ce sawunsa ya ragu har ƙirgarsa ta ƙaru da kashi 10 cikin 100. Gonar da take 100 da 100 za ta fito 110 da 110, wato 12,100 maimakon 10,000. Kuskuren kashi 10 a tsawo ya zama kashi 21 a faɗin fili, kuma manomi ne zai biya. Ga shi ba shi da hanyar binciken lissafin, domin takardar tana hannun wani, cikin haruffan da bai karanta ba. A ganina nan ne tushen ɗari-ɗarin da mutanen karkara suke yi da duk wanda ya zo gona da tef da littafi. Ba ƙin ilimi ba ne, tuna baya ne.

A kudancin Katsina auduga ce ta jawo 'yan safiyo. Layin dogo daga Zariya ya ratsa Funtuwa da Gusau ya isa Kaura Namoda a 1929, kuma ba a shimfiɗa shi ba sai da aka zana kowace gangara da kowace gada a takarda da ma'auni. Aka kafa injin gurzar auduga a Funtuwa, aka buɗe gonar irin auduga a Daudawa, cikin ƙasar Faskari. Gonar gwaji ita ma ƙaramin samfuri ce. Malamin gona yakan keɓe fegi, ya girbe, ya auna, ya ninka. A awon yau, fegi mai mita 10 da mita 10 ɗaya bisa 100 ne na hekta; idan ya ba da kilo 25 na masara, sai a ce hekta za ta ba da kilo 2,500, buhu 25 ke nan. Lissafin daidai ne, da sharaɗin fegin ya yi kama da sauran gonar. In aka keɓe shi a gindin juji, buhunan a takarda kawai za su tsaya.

Bayan yaƙin duniya na biyu sai awo ya koma sama. Ingila ta kafa hukumar safiyon ƙasashen da take mulka a 1946, jirage suka riƙa ɗaukar hoton ƙasa layi-layi. Ma'aunin hoton nisba ce tsakanin zurfin kyamara da nisan jirgi daga ƙasa: kyamara mai milimita 152, a nisan kusan mita 6,100, tana ba da hoto mai ɗaya bisa 40,000. Daga irin waɗannan hotuna aka zana taswirorin Najeriya masu ɗaya bisa 50,000 da ɗaya bisa 100,000, waɗanda ofisoshin safiyo da sojoji da masu haƙar rijiyoyi suka daɗe suna dogaro da su.

Karanta su ba wuya. A mai ɗaya bisa 50,000, santimita 1 mita 500 ce a ƙasa, santimita 2 kilomita 1. Ka ɗauki zare ka bi da shi kan hanyar da ta tashi daga Sheme zuwa Ruwan Godiya, lanƙwasa bayan lanƙwasa, ka miƙe shi a kan rula, ka raba santimitocin biyu, ka sami kilomitocin. Amma a wannan taswira ɗin, gona mai hekta guda milimita 2 ce da milimita 2. Layin fensir mai kaurin rabin milimita ya rufe mita 25 na ƙasa. Burtalin da faɗinsa ya kai mita 30 bai cika milimita ɗaya ba. Jihar Arewa ta yi dokar makiyaya a 1965, aka keɓe dazuzzuka da hanyoyin shanu, sai dai taswirar da ta isa ta nuna cewa burtali ya bi ta nan ba ta isa ta nuna inda gefensa ya tsaya ba. Kunya biyu bana, kunya uku baɗi, babu abin da zai motsa a takardar. Ba na cewa ma'aunin taswira ne ya haifar da rikicin manoma da makiyaya da ya cinye wannan yanki. Dalilansa sun fi haka yawa da nauyi. Abin da nake cewa shi ne, ranar da aka zo sasanci ana neman shaida, takardar ba ta da bakin magana, kuma dattawan da suka san gambar iyaka da yawa sun riga mu gidan gaskiya.

Hekta ta shigo bakin manoma sosai ne da shirin bunƙasa noma na Funtuwa, wanda aka fara da rancen Bankin Duniya a tsakiyar shekarun 1970, tare da na Gusau da na Gombe. Shirin ya haɗa har da gundumomin Faskari da Ƙanƙara. Takin zamani, iri, feshin auduga, hayar tarakta, duk da hekta ake faɗinsu, haka ma shawarwarin cibiyar binciken noma ta Samaru. A daidai wannan lokaci Najeriya take komawa awon mita, ga kuma dokar mallakar ƙasa ta 1978 da ta ba ƙaramar hukuma ikon ba da izinin fili har hekta 500 don noma da 5,000 don kiwo. Tsohon awo kuma bai tafi ba. Hekta ɗaya ta kusa eka biyu da rabi, amma har yanzu za ka ji mai gona da mai tarakta suna ciniki kowa da abin da yake nufi a ransa. Wanda ya zuba takin hekta a eka ya yi asarar kuɗi, wanda ya raba na eka a hekta ya yi asarar damina.

A cikin gari ma haka abin yake. Fuloti ana sayar da shi ƙafa 50 da 100, bulo inci 9 ne ko 6, birkila da ƙafa yake magana, alhali zanen da aka kawo daga Funtuwa ko Katsina da milimita aka yi shi. A takardar safiyo mai ɗaya bisa 500, wannan fuloti, da yake wajen mita 15 da 30, yakan fito santimita 3 da 6. A zanen gini mai ɗaya bisa 100, ɗaki mai ƙafa 12 da 12 yakan fito kusan santimita 3.7 kowane gefe. Duk wannan mai sauƙi ne, har sai an kai zanen shagon fotokwafi. Idan aka rage babbar takarda ta A3 zuwa A4 don ta shiga aljihu, kowane layi yana komawa kashi 71 cikin 100 na tsawonsa, amma rubutun da ya ce ɗaya bisa 100 yana nan bai canza ba. Ɗakin ya koma santimita 2.5 da 'yan kai. Birkilan da ya ɗora rula ya gaskata rubutun zai haƙa tushen ɗaki mai mita 2 da rabi, wanda faɗin cikinsa rabin abin da aka zana ne. Shi ya sa masu zane suke rubuta lamba a jikin kowane bango suna gargaɗin a bi lamba kada a bi rula, kuma shi ya sa taswirar kirki take ɗauke da ɗan layin ma'auni a ƙasanta, domin shi yana raguwa tare da takardar.

Samfurin da ake ɗagawa a hannu ya fi zane jan ido, ya kuma fi shi ruɗarwa. Da aka tsara Abuja a ƙarshen shekarun 1970, aka ba Kenzo Tange na Japan zanen tsakiyar birnin, da ƙananan samfura aka nuna wa shugabanni abin da za a gina. Yau ma ɗan kwangila kan ajiye ƙaramin asibiti ko kasuwa na kwali cikin gilashi ranar aza harsashi. Maniyyata kuma sun san 'yar Ka'abar da ake ginawa a wurin bita don koyon ɗawafi. Ta gaske tsawonta ya kai wajen mita 13, kuma wanda ya saba da zagayen bita yakan sha mamaki ranar da ya isa Harami. A samfuri mai ɗaya bisa 100, tsawo kawai ake ninkawa da 100. Faɗin fili, wato abin da zai ci kwano da tayil da fenti, da 10,000 ake ninka shi. Ciki kuwa, abin da zai ci kankare ko ya ɗauki ruwa, da miliyan ɗaya. Kwamitin masallaci da ya ce a ninka tankin alwala sau biyu ta kowace fuska, ruwa ninki takwas ya yi oda, nauyi ninki takwas kuma zai hau kan ƙarafan da aka yi wa tsohon. Injiniyan madatsar ruwa irin ta Mairuwa da wannan lissafi yake kwana yake tashi. Ya kamata mai ɗinkin rumbu da mai haƙar tafkin noman rani su ma su san shi, kuma ba ya buƙatar fiye da abin da ake koyarwa a ƙaramar sakandare.

Sauyi na ƙarshe ya zo da sauri. A watan Mayu na 2000 Amurka ta daina dagula siginar GPS da farar hula suke amfani da ita. Najeriya ta harba tauraronta NigeriaSat-1 a 2003, wanda kowane ɗigo a hotonsa mita 32 ne a ƙasa, sannan NigeriaSat-2 a 2011 mai ɗigon mita 2.5. Google Earth ta fito a 2005. Abuja da Kaduna da Kano, daga baya Katsina, suka kafa hukumomin ajiye bayanan filaye a kwamfuta. Da Babban Bankin Najeriya ya fara shirin rancen manoma a 2015, sai ga matasa a gonaki da na'ura suna zaga iyaka, hekta tana fitowa a allo. A wuraren da 'yan bindiga suka hana zuwa gona, a Faskari da Sabuwa da yammacin Ƙanƙara, hoton tauraro yakan zama hanya ɗaya da ta rage ta ganin nawa aka noma, nawa aka bari ya koma daji.

Wannan ci gaba ne na gaske, kuma ina murna da shi, domin karon farko taswirar tana hannun ɗan mai gonar. Yaro a Ruwan Godiya zai iya buɗe waya ya ga rufin gidansu da kukar bayan gari. Amma taswirar waya ba ta da ma'auni tsayayye. Duk lokacin da aka ja ta da yatsu biyu nisbar ta canza, kuma mutane kaɗan ne suke duban ɗan layin da ke kusurwa. Hoton da aka ɗauka daga allo aka tura ta WhatsApp aka buga a takarda ba shi da wani ma'auni da za a riƙe sai wannan layi, in ma ya fito. GPS ɗin wayar hannu kuma yakan kauce da mita 3 zuwa 5 ko a fili, ya fi haka a ƙarƙashin itatuwa. A gona mai hekta 20 wannan ba komai ba ne. A gonar gado da aka raba wa 'ya'ya har ta koma mita 50 da 50, wato rubu'in hekta, kaucewar mita 5 a kowane gefe tana mai da murabba'in mita 2,500 ya zama 3,025 ko 2,025. Tsohon kuskuren malamin taki ne ya dawo cikin na'ura, kuma a kan wannan lamba za a yanke yawan takin da za a ba manomi da bashin da za a bi shi da kaka.

Maganin yana da araha. Ƙaramar gona a auna ta da tef ko da igiyar da aka riga aka gwada da tef, a raba ta gida-gida in ba ta da siffa, a zana ta a takardar lissafi mai ƙananan gidaje, kowane gida mita 5, a ƙirga gidajen a ninka da 25. Malamin lissafi a Faskari ko Daudawa zai iya yin wannan da ɗalibansa a filin makaranta cikin darasi biyu, sannan ya sa su zaga filin da waya su gwada amsoshin biyu. Jami'in da ya zo awon rance kuma a roƙe shi ya zaga sau biyu, a rubuta duka lambobin a gaban mai gona da maƙwabtansa na iyaka kafin kowa ya dangwala hannu.